Mai Wutar Kan Tudu

Akwai wani mutum a wani gari, tun zamanin da ba a san ashana ba. Gidansa yana kan tudu, sauran gidajen garin kuwa duk suna gangare, wajen rijiya. Mutumin nan ba shi da wata sana'a sai riƙon wuta. A ɗakinsa na tsakiya, wanda ya yi wa jinka mai kauri saboda ruwa, akwai murhu inda kututturen ƙirya yake ci a hankali, rani da damina. Ya san lokacin da zai tura itace, ya san lokacin da zai rufe garwashi da toka, ya san iskar da take rayar da wuta da wadda take kashe ta. Idanunsa kullum jajaye ne saboda hayaƙi. Ba ya zuwa biki mai nisa, gonarsa ma 'yar ƙarama ce a bayan gida, gama wuta ba ta yarda a bar ta.

Mutanen garin da kara suke girki. Wutar kara kuwa, kowace mace ta sani, kafin tuwo ya huce ta zama toka. Saboda haka kowace safiya mata sukan hau tudun da tsingaro a hannu, su ɗebi garwashi, su sauko. Masu ƙyastu sun daɗe da yar da shi, don wa zai tsaya yana ta bugun dutse alhali ga wuta a kan tudu?

Al'adar da suka gāda ita ce, duk wadda ta zo ɗiban wuta ta zo da itace guda, ta ajiye a bayan ɗaki. Ba a taɓa cewa ga girmansa ba. Mai ƙarfi takan kawo reshe, tsohuwa takan kawo ɗan ƙirare, mutumin yakan yi wa kowacce godiya iri ɗaya. Da wannan itacen wutar take rayuwa. A damina ma, sa'ad da marka ta sauka komai ya jiƙe, tarin yakan kai shi har rana ta fito.

Matar mutumin ungozoma ce. Tana da ƙane a gangare, mai baki, mai ban dariya, gidansa dab da rijiya, da rumfa a ƙofa. Shi da mijin yayarsa abokan wasa ne, ba ya kiransa da komai sai Sarkin Hayaƙi.

Wata rana ƙanen nan ya hau tudu da sassafe, ya ɗebi garwashi, ya sauko ya hura a tarin kara a ƙarƙashin rumfarsa. Matan da suka fito da tsingaro suka gan shi, ya ce musu me zai kai su hawan tudu da kaya a ka, ga wuta nan, wutar kan tudu ce ba wata ba, kowa ta ɗiba. Suka ɗiba. Wata ta bar masa ɗan gyaɗa, wata ta bar masa goro. Kashegari ma haka. Kafin wata ya zagayo, rumfarsa ta zama wurin taruwa, hanyar tudu kuwa ciyawa ta fara rufe ta. Shi kansa da fari yakan kai itacensa guda, daga baya ya daina, ya ce shi ɗan gida ne.

Ba wai mutanen sun ƙi mai wutar ba ne. In ya sauko ɗiban ruwa har tashi suke yi su gaishe shi. Suna cewa duk ƙasar babu wuta kamar tasa, garwashinsa ba ya mutuwa a hanya, tuwon da aka yi da shi ma ƙamshinsa dabam. Yakan amsa gaisuwa, ya ɗauki tulunsa, ya koma.

Matarsa ce ta fara rasa kwanciyar rai. Kullum ta zaga bayan ɗaki sai ta ga tarin ya ja baya, ƙasar da take ƙarƙashinsa tana bayyana. Ta shiga daji da kanta tana ɗauko itace, amma kai ɗaya ba ya ciyar da wutar da ba ta barci, ga kuma masu haihuwa suna kiranta. Mijin kuwa in ya yi nisa wutar za ta mutu. Ga hadari ya fara haɗuwa a gabas. Abin da ya fi tsaya mata a rai, matar ƙanen nata tana da ciki, ita kuwa da hannunta ta taɓa, ta san haihuwar a tsakiyar marka za ta faɗo. Ta kuma san abin da sanyi yake yi wa jariri da mai jego in babu ruwan zafi.

Sai ta sauka ta sami ƙanen a rumfarsa, ta faɗa masa damuwarta. Ya yi dariya, ya miƙa mata gyaɗa.

“Yaya, zo mu hau tare ki nuna mini inda wutar mijinki ta ragu. In na ɗebi hatsinsa, rumbu zai nuna. In na kwance akuyarsa, turke zai nuna. Wuta fa? Na ɗiba, tana nan yadda take. Taimakon mutane nake yi, ku kuna can sama kuna rowar hayaƙi.”

Ta ce, “Ba murhun za ka duba ba. Bayan ɗaki za ka duba.”

Ya ce zai duba. Bai duba ba.

Mai wutar ya kai maganar gaban dattawa. Suka saurare shi da kyau, suka ce gaskiyarsa ce, aka yi shela a koma al'ada. Kwana kaɗan wasu suka hau da itace. Sai aka yi yayyafi, hanyar ta yi santsi, kowace mace ta dubi tudun, ta dubi rumfar da take kusa, ta ce a ranta itacenta guda ɗaya ba shi zai riƙe wutar gari ba, ai wasu za su kai. Babu wadda ta yi nufin mugunta. Kowacce dai ta bar wa 'yar'uwarta.

Marka ta sauka. Sama ta rufe, ruwa ba ya tsayawa sai ya ja numfashi ya sake. Tarin bayan ɗaki ya ƙare. Mutumin ya faskara kujerarsa ya tura. Ya tura ƙotar fartanya. Ya fasa turmi. Ya zare sandunan da suke tallafe da rumbu, matar tana kallo. Da ya ɗora hannu a kan akushin da yake rataye a bango, sai ta riƙe hannun. Akushin uwarta ne, shi kaɗai ta fito da shi daga gidansu. Ya bar shi, ya cire ƙyauren ɗakin a maimakonsa. Duk wannan, ƙanen yana hawa kowace safiya da kwarya kife a ka, ya ɗebi garwashi, ya ce wa Sarkin Hayaƙi ina ƙofarsa, ko ya sayar ne ya sha iska.

Ran nan da hantsi, gari duhu kamar magariba, aka zo kiran ungozoma, matar ƙanenta ta fara naƙuda. Ta sauka cikin ruwa. Ta tarar iska ta kayar da rumfar ƙanen, karan duk ya jiƙe, wutar ta mutu. Ta aika gidajen maƙwabta, kowane murhu sanyi ƙalau, gama duk daga rumfar suke ɗiba. Aka haifi yaro ɗan ƙarami, jikinsa sanyi, kukansa kamar na ɗan kyanwa. Uwar tana rawar ɗari har haƙoranta suna haɗuwa. Ungozoma ta sa jaririn a ƙirjinta ta rufe da zane, ta dubi ƙanenta ta ce ya hau tudu, kada ya tsaya.

A ranar ya tuna da al'ada. Ya tattara itace dami guda daga tsakar gida, ya ɗora a ka, ya hau yana zamewa yana tashi.

Ya sami mai wutar a durƙushe a ɗakin da ba ƙofa, ya juya wa iska baya, ruwa yana dukansa, ya kifa tafukansa a kan toka. Ƙanen ya sauke damin ya ce ga itace, a tura duka. Mutumin ya taɓa guda ɗaya, ruwa ya ɗiga daga jikin itacen.

“In na sa wannan, shi zai kashe ta.”

Ya buɗe hannunsa kaɗan. Garwashi ɗaya ne ya rage, bai fi ƙwayar wake ba, yana ja yana dushewa.

Ƙanen ya dudduba ɗakin. Sai a lokacin ya ga babu kujera, babu turmi, babu gado. Muryarsa ta sauka, ya ce, “Yaya, babu wani busasshen abu?” Bai taɓa kiransa Yaya ba sai ranar.

Mutumin ya ɗaga kai ya nuna bango. “Sai wancan. Na uwarku ne. Ni ba zan fasa shi ba.”

Ƙanen ya sauko da akushin. A cikinsa ya ci tuwo yana yaro, ya san inda bakinsa ya ɗan guntule. Ya sa gatari da hannunsa. Mai wutar ya fere tsinke-tsinke sirara, ya jera su a kan garwashin, ya sa baki yana hurawa a hankali kamar mai lallashin jariri. Hayaƙi ya tashi, ya tsaya, ya sake tashi. Can sai harshen wuta ya kama.

Suka sauko da ita a ƙarƙashin kwarya. Aka dafa ruwa. Yaron ya rayu, uwarsa ma ta rayu.

Da marka ta ɗauke, garin duka ya hau tudu da itace, har tarin ya fi ɗakin tsawo. Amma rumbun da aka zare wa sanduna ya riga ya kife, hatsin ya ruɓe a laka. Mutumin ba shi da abin da zai ci, ba shi da fartanyar da zai yi noma, idanunsa kuma sun fara hazo. Ya gode musu kamar yadda ya saba. Sa'an nan ya ɗaure 'yan tsummokinsa, shi da matarsa suka tafi wurin danginsa a hayin kogi. Ƙanen ya ce shi zai riƙe wutar. Bai san lokacin rufe toka ba, bai san iska ba, kafin mako ya fita ta mutu. Itacen ya zauna a kan tudu har gara ta cinye shi.

To, 'ya'yana, ga ma'anar wannan misali.

Mai wutar kan tudu shi ne mai shirya fim. Ba shi kaɗai ba, har da duk waɗanda suke tare da shi, wanda ya rubuta labarin, da mai riƙe kyamara a rana, da wanda yake zama yana haɗa hotunan har idonsa ya yi ja, da matar da take dafa musu abinci a wurin ɗauka. Wutar ita ce fim ɗin. Itace guda shi ne ɗan abin da ake biya a kalla ta hanyar da mai shi ya buɗe. Rumfar bakin rijiya kuwa kun san ta fiye da ni. Ita ce shagon da ake tura fim a waya a bakin kasuwa, da shafukan intanet da suke ɗora aikin mutane ba da izininsu ba, da zaurukan waya inda ɗaya yake sakewa ɗari su kwasa. Mai rumfa bai taɓa shaƙar hayaƙi ba, amma shi yake cin gyaɗar.

Na san abin da kuke faɗa, gama a gidajenmu kuke faɗarsa. Kuna cewa, Mama, ai ba mu ɗauke masa komai ba, fim ɗinsa yana hannunsa. Maganar ƙanen nan ce daidai, kuma tana da daɗin ji, shi ya sa take ba ni tsoro. Satar akuya tana da kuka, mai yi ya san ya yi. Wannan kuwa shiru take, yatsa ɗaya ne a kan gilashi, mutum ya gama ya shigo sujada da zuciya wasai. Amma Ubangiji ba murhu kaɗai yake dubawa ba, yana zagawa bayan ɗaki. Ya san gumin da ya shiga aikin, ya san wanda ya more shi bai mayar da komai ba.

Kun san Barnaba, mijin Kauna mai bin waƙa a zumuntar mata. Bara ya tara matasan wasan kwaikwayo na ikilisiyar nan ya yi fim da harshenmu, a unguwanninmu, har an ga bishiyar darbejiyar da take ƙofar majami'a. Babur ɗinsa ya sayar ya yi shi. Tun kafin ranar da ya sa zai fitar, fim ɗin ya riga ya shiga wayoyi. A wani bikin suna, wani baƙo da bai san fuskarsa ba ya zauna kusa da shi, ya ce akwai wani sabon fim mai kyau ƙwarai, ya kawo wayarsa a tura masa, kyauta ne. Kauna ta ce Barnaba murmushi kawai ya yi, ya ce ya riga ya gani. Da suka koma gida bai ci abinci ba.

Yabo kam ya sha. Har yau in ya wuce ana kiransa da sunan mutumin cikin fim ɗin. Amma yabo ba ya cin wuta. Wanda ya riƙe masa kyamara yanzu yana sayar da kayan waya a tasha. Yarinyar da ta yi wa 'yan wasan kwalliya ta koma kitso. Irin waɗannan in suka tafi, da sanin aikin suke tafiya, kamar yadda mai wutar ya tafi da sanin toka da iska. Ba Barnaba kaɗai ba ne, haka ake ji daga masu fim manya da ƙanana, namu da na maƙwabtanmu, gama sata ba ta tambayar addinin mai kaya.

Wani zai ce talauci ne. Ban musa ba, ni ma na san farashin gishiri. Amma ku tuna al'adar ba ta ce a kawo kututture ba, ƙirare ma an karɓa. In ba ka da shi yau, ka jira. Ko ku haɗu gida guda, ɗaya ya biya ta hanyar gaskiya, ku shimfiɗa tabarma ku kalla tare, ai ya fi daɗi ma. Ba wanda ya taɓa kwanciya asibiti don bai ga fim a makon fitowarsa ba. Kuma ba kowace wuta ake kai wa itace ba. Akwai fim ɗin da ko kyauta bai kamata ya shiga idonku ba, wannan maganar wata rana ce. Ina magana ne a kan wanda kuka kalla kuka ji daɗi, kuka yi dariya, wani ma ya share hawaye. In ya isa a kalla, mai shi ya isa ya ci abinci.

Abin da yake hana ni sakewa shi ne markar. Ranar tana zuwa da za ku so ku zaunar da 'ya'yanku gaban labarin da yake magana da bakinsu, mai sunaye irin nasu, wanda ba sai kun rufe musu ido a tsakiya ba. Za ku hau tudu da gudu. Ina tsoron abin da za ku tarar. Mutanen garin nan ba mugaye ba ne, sun kawo itace, har ya fi ɗaki tsawo. Lokacin ne ya wuce.

Bambancinmu da su ɗaya ne, namu masu wutar ba su gama tafiya ba. Barnaba ya sake yin wani fim, zai fito kafin Kirsimeti. Keken ɗinkin Kauna ne ya tafi a wannan karon. Na tambaye ta bayan sujada in wannan ma ya bi hanyar wancan fa, sai ta gyara ɗankwalinta ta ce, “Mama, babu sauran abin sayarwa a ɗakin.”

Kafin ya fito, wani zai ce muku ku kawo waya. Mai yiwuwa abokinku ne, mai yiwuwa a harabar majami'ar nan ne. Sa'ad da hannunku ya shiga aljihu, ku tuna da mutumin da yake durƙushe ya juya wa ruwa baya, da abin da yake ƙarƙashin tafukansa. Bai fi ƙwayar wake ba, amma bai mutu ba tukuna.

Ubangiji ya ba mu zuciyar hawan tudu tun itacenmu yana bushe. Amin.